Fatalwa a matsayin lamiri a wasannin kwaikwayon masu mulkin Rum

A wasannin kwaikwayo na tarihin tsohuwar Rum, sau da yawa ana nuna nauyin laifin kisa ta hanyar dawo da mamacin a siffar fatalwa. Dalilin a fili yake. Ɗan kallo ba ya ganin abin da ke cin zuciyar mai mulki, don haka sai marubuci ya ba wa lamirin jiki da murya.

Dabarar na da tushe a tarihi. Sarki Nero ya sa an kashe mahaifiyarsa Agripina a shekara ta 59 miladiyya, kuma masanin tarihi Suwetoniyus ya rubuta cewa Nero da bakinsa ya sha faɗin fatalwarta na bibiyarsa. A wasan Octavia, wanda shi kaɗai ya rage cikakke cikin wasannin tarihi na Rumawa, Agripina ta fito daga lahira riƙe da wuta lokacin auren Nero da Poppaea, tana yi masa baki. An daɗe ana jingina wasan ga Seneka, marubucin Rum kuma mashawarcin Nero, amma yawancin masana ba su yarda ba, domin ya rasu a 65, ga shi fatalwar ta hango mutuwar Nero ta shekarar 68. Abin lura, Nero bai gan ta ba. 'Yan kallo aka bar wa tunawa da laifin.

Marubucin Ingila Shakespeare ya bi wata hanyar a wasansa Julius Caesar, wajen 1599. Marubucin tarihi Plutarch ya ce Burutus, ɗaya daga cikin waɗanda suka kashe shugaban Rum Juliyus Kaisar, mugun aljaninsa ne ya zo masa, shi kuwa Shakespeare ya mai da shi fatalwar Kaisar, wanda aka kashe a shekara ta 44 kafin miladiyya. Tsakar dare ne cikin tanti kusa da garin Sardis, kyandir na dishewa, Lusiyus yaron Burutus da barori biyu na barci. Maganar fatalwar 'yar kaɗan ce, ta ce za su haɗu a fagen yaƙin Filibi, ta ɓace. Da Burutus ya tashe su, babu wanda ya ga komai.

A nan masu shiryawa kan yi kuskure. In aka cika wa fatalwar kwalliyar ban tsoro da ƙara, hankalin 'yan kallo sai ya bar fuskar Burutus, alhali can ne aikin yake. In kuma wani bara ya nuna alamar ya gan ta, ta tashi daga zama lamirin mutum ɗaya ta koma dodo. Yawanci rage haske da sassauta murya sun wadatar.