Wanda Aka Ɗauka Aikin Gwamnati Ta Bayan Fage: Me Doka Ke Yi Masa?

Duk lokacin da wata gwamnati ta ce za ta tantance ma'aikata, sai maganganu biyu su cika gari. Wasu su ce wanda ya riga ya karɓi takardar kama aiki, albashi ya fara shigo masa, babu mai iya taɓa shi. Wasu kuma su ce duk wanda aka gano ya shigo ta bayan fage sai ya amayar da albashin da ya ci tun ranar farko, sannan a wuce da shi gidan yari. Duka biyun ba haka suke ba, kuma wannan tsoron ne ke tura mutane hannun 'yan damfara masu alkawarin gyara fayil.

A mafi yawan ƙasashe, aikin gwamnati sai da gurbin da aka amince da shi, a tallata shi, a yi jarrabawa ko intabiyu, sannan hukumar da ke da hurumi ta sa hannu. Wannan ya shafi malami da ma'aikaciyar jinya da akawu da direba. Idan aka tsallake matakan, doka na kallon ɗaukar tamkar ba a yi ta ba. Sashe na 37 na kundin tsarin mulkin Brazil na 1988 ya faɗa ƙarara: wanda aka ɗauka babu jarrabawar gasa, ɗaukarsa ta rushe, kuma jami'in da ya yi ta zai fuskanci hukunci. Daɗewa a ofis ba ta wanke wannan.

To, albashin da aka riga aka ci fa? Nan ne mutane suka fi ruɗewa. Kotuna kan duba abu biyu: shin mutumin ya yi aikin, kuma shin da hannunsa a maguɗin? A Brazil, kotun ƙoli ta ƙwadago ta tsaya a kan cewa irin wannan ma'aikaci yana da haƙƙin ladan sa'o'in da ya yi aiki da kuɗin da aka ajiye masa a asusun sallama, amma sauran haƙƙoƙin ma'aikacin dindindin ba nasa ba ne. Gumin da ya zubar ba a ƙwace shi.

A Indiya an ga wannan a aikace. A watan Afrilun 2025 Kotun Ƙoli ta tabbatar da soke ɗaukar malamai da ma'aikatan makarantu fiye da 25,000 da aka yi a jihar Bengal ta Yamma daga jarrabawar 2016, saboda maguɗi ya dabaibaye aikin gaba ɗaya. Waɗanda aka tabbatar sun shiga ta haramtacciyar hanya ne aka ce su mayar da albashi. Sauran ba a ce su biya komai ba, an kuma ba su damar sake zama jarrabawa. Amma aikin ya tafi. Mutum ya yi karatu, ya ci jarrabawa da guminsa, ya shekara yana tsaye gaban allo, ya wayi gari babu aiki saboda laifin wasu. Ko da doka ta yarda, wannan yana da ciwo.

Akwai kuma bambanci tsakanin ɗaukar da aka yi kuskuren tsari a cikinta da wadda haramtacciya ce tun tushe. A shari'ar Umadevi ta 2006, kotun ta Indiya ta ce wanda ya cancanta, aka sa shi a gurbi na gaskiya, ya shekara 10 ko fiye yana aiki, ana iya duba yiwuwar tabbatar da shi, sau ɗaya tak. Mai takardun bogi, ko wanda aka ƙirƙirar wa gurbin da babu shi, wannan sassaucin bai kai gare shi ba.

Maganar ɗauri kuwa, ba kowa take hawa ba. Tana kan wanda ya ba da cin hanci, da wanda ya karɓa, da mai jabun takardu. A Najeriya, dokar hukumar yaƙi da cin hanci ta ICPC ta 2000 ta tanadi shekara 7 ga mai bayarwa da mai karɓa, sashe na 19 kuma ya yanka shekara 5 babu zaɓin tara ga jami'in da ya yi amfani da kujerarsa ya fifita kansa ko danginsa. Don haka wanda ya sayi gurbi kada ya ɗauka shi wanda aka zalunta ne kawai, doka na ganin hannunsa a ciki.

Abin da ke damuna shi ne yadda ake aiwatarwa. Sunayen waɗanda aka sallama kan fito cikin sauri, amma da wuya a ji sunan daraktan da ya sa hannu a takardunsu, alhali shi doka ta fi tsanantawa a kansa.