Ma'anar "jirgin dakon kaya", da abin da ya raba shi da jirgin yaƙi

Lokacin da 'yan Huthi na Yaman suka fara kai hare-hare a Bahar Maliya a ƙarshen 2023, kusan kullum sai ka ji "jirgin dakon kaya" a labarai. Abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne yadda mai sharhi zai fara da wannan suna, kafin ya rufe baki ya mayar da shi "jirgin yaƙi", sai ka ce duk ɗaya ne. Jirgin ruwan Rubymar da ya nutse a watan Maris na 2024 takin zamani ya ɗauko. Jirgin True Confidence da aka harba a watan, mutum uku suka mutu a cikinsa, biyu 'yan Filifin, ɗaya ɗan Biyetnam, duk masu neman abinci ne.

Kalmar da kanta ta faɗi gaskiya. Dako shi ne ɗaukar kayan wani don a biya ka. Ɗan dako a kasuwar Dawanau ba shi da buhun da ke kansa, kuma ko akwatin harsasai aka ɗora masa bai zama soja ba. Yarjejeniyar dokar teku ta 1982 ta ce kafin a kira jirgi na yaƙi, sai ya kasance na rundunar sojan ƙasa, yana ɗauke da alamarta, hafsan da gwamnati ta naɗa ke jagorantarsa, ma'aikatansa kuma suna ƙarƙashin dokar soja. Ba a ambaci kaya ba, ba a ambaci bindiga ba.

A nan ne mutane ke ruɗewa, kuma a Bahar Maliyar akwai jirgin da ke kwance ƙarƙashin ruwa wanda ya isa misali. Thistlegorm, kamfanin Joseph Thompson ne ya ƙera shi a Sunderland ta Ingila a 1940, don wani kamfanin sufuri mai suna Albyn Line. Saboda ana tsakiyar yaƙin duniya na biyu, aka kafa masa bindigogi a baya, aka ba shi 'yan sojan da za su riƙa harba su. Ya je Amurka, ya je Ajantina ya kwaso hatsi. A watan Yunin 1941 ya tashi daga Glasgow zuwa Iskandariyya ta Masar, ya zagayo ta Afirka ta Kudu saboda tekun Bahar Rum ba ya biyuwa. A cikinsa akwai manyan motocin Bedford, baburan BSA da Norton, bindigogi, harsasai, takalman roba, har da kawunan jirgin ƙasa guda biyu a ɗaure a samansa.

Ya tsaya kusa da Ras Muhammad, a kudancin yankin Sinai na Masar, yana jiran a buɗe masa hanyar Suez. Cikin daren 6 ga Oktoba, jiragen saman Jamus da suka taso daga tsibirin Kirit suka hango shi. Bam ya faɗa daidai rumbun da harsasan suke, jirgin ya tarwatse ya nutse. Mutum tara suka mutu, biyar masu bindiga, huɗu ma'aikatan jirgi. Har yau masu ninƙaya na shiga suna ganin baburan a jere a bayan motoci.

Duk da bindigoginsa da makaman da ya ɗauko, Thistlegorm jirgin dako ne, na 'yan kasuwa, kyaftin ɗinsa farar hula. Ban ce hakan ya kare shi ba. A dokar yaƙi, jirgin da ke kai wa runduna makamai ya jawo wa kansa hari. Shi ya sa nake ganin tambayar da ta kamaci ɗan jarida ita ce me jirgin ya ɗauko, wa zai kai wa, su wa ke cikinsa. Da zarar an ce "jirgin yaƙi", an rufe waɗannan tambayoyi gaba ɗaya, mai sauraro ya ɗauka soja ne ya kashe soja, bakanike da kuku da mai zuba gawayi a inji sun ɓace daga labarin. Birtaniya kaɗai ta rasa irin waɗannan ma'aikata fiye da 30,000 a wancan yaƙi, kuma har zuwa 1941 ranar da jirginsu ya nutse ranar ake tsayar musu da albashi, ko da suna cikin kwale-kwalen ceto a tsakiyar teku.