Dokar raɗa wa tsirrai suna, da yadda Euthamia ta bar gidan Solidago

A Amurka ta Arewa akwai wani tsiro mai fure ruwan ɗorawa, yana son bakin fadama da gefen hanya. Ganyensa siriri ne kamar na ciyawa, furanninsa kuma ƙanana ne da suke taruwa a kan kara su yi shimfiɗa kamar faifai. A tsofaffin littattafan tsirrai sunansa Solidago graminifolia. A sababbi kuwa Euthamia graminifolia (L.) Nutt. Mai karatu zai ɗauka ɗaya kuskure ne, alhali duka biyun halastattu ne a gaban doka.

Dokar ita ce kundin ƙasa da ƙasa na raɗa suna ga tsirrai da gansakuka da dangin naman kaza. Masana ne ke gyara shi a babban taronsu na duniya. An yi a Shenzhen ta ƙasar Sin a 2017, sannan a Madrid ta Sifen a 2024. Kundin ya ce sunan kowane nau'in tsiro kalma biyu ne: ta farko sunan gidan da aka sa shi, ta biyu sunansa na kansa, kamar sunan yanka.

Babbar ƙa'ida ita ce ta riga-riga: wanda ya fara wallafa suna bisa sharaɗi, nasa ne ke tsayawa. Lissafin yana farawa daga 1 ga Mayu 1753, ranar da aka ɗauka a matsayin fitowar littafin Species Plantarum na Carl Linnaeus, masanin ƙasar Siwidin. A cikinsa ne ya kira wannan tsiro Chrysocoma graminifolia. A 1796 Richard Salisbury na Ingila ya mayar da shi gidan Solidago. Daga baya Thomas Nuttall ya sake ɗauke shi zuwa Euthamia. Gida uku ke nan, amma kalmar graminifolia, wato mai ganyen ciyawa, tana biye da shi duk inda ya je, domin doka ta wajabta a riƙe sunan yanka mafi daɗewa idan aka yi wa tsiro ƙaura, sai in akwai wani mai wannan suna a sabon gidan.

Haruffan da ke bayan sunan su ne tarihin ƙaurar a taƙaice. "L." da ke cikin baka Linnaeus ne, wanda ya fara raɗa sunan, "Nutt." da ke waje shi ne Nuttall, wanda ya kai tsiron inda yake yanzu. Wannan tsari yana burge ni ƙwarai, domin ba ya bari na baya ya share aikin na gaba da shi.

Shi kansa sunan gidan yana da irin wannan labari. Nuttall ne ya ƙirƙiro Euthamia a 1818, amma a matsayin sashe a cikin Solidago. Henri Cassini na Faransa ya ɗaga shi ya zama gida mai zaman kansa a 1825, shi ya sa ake rubuta Euthamia (Nutt.) Cass. Kuma tun da doka ta ce suna ba ya da fifiko sai a matakin da aka wallafa shi, shekarun Euthamia a matsayin gida daga 1825 ake ƙirga su.

To, wa ya yanke hukuncin cewa Euthamia ta cancanci gidan kanta? A nan ne mutane da yawa ke ruɗewa. Kundin bai ce uffan a kan haka ba, kuma da gangan ne. Aikinsa shi ne ya faɗa maka sunan da za ka yi amfani da shi bayan ka riga ka yanke shawara. Idan hujjarka ta ce tsiron ɗan gidan Solidago ne, sunan Salisbury ne daidai. Idan ta ce dabam yake, sai na Nuttall. Shawarar kanta ta masu bincike ce, da hujja ake cin ta. Shekaru masu yawa bayan Cassini, manyan littattafai sun ci gaba da haɗa su wuri guda, kuma ba su karya doka ba. Masu raba su suna nuna shimfiɗar furannin, da ɗige-ɗigen danƙo da ke jikin ganye. Daga baya binciken ƙwayoyin gado ya nuna lallai zuriyarsu ta bambanta, duk da cewa dukansu 'yan babban dangin Asteraceae ne. Littafin Flora of North America ya lissafa nau'i 5 a gidan Euthamia.

A ganina wannan rabon aiki shi ne ƙarfin dokar. Da ta ɗaure masana a kan ra'ayin Salisbury, da sabon ilimi bai sami ƙofar shiga ba. Abin da take ɗaurewa shi ne suna da samfurinsa: kowane suna yana manne da wani takamaiman samfur, galibi busasshen tsiro da aka adana a ma'ajiya, ta yadda in gardama ta tashi za a koma a duba shi. Wanda ya gano sabuwar Euthamia a yau dole ya ayyana irin wannan samfur, ya kuma rubuta bayaninta da Latin ko Ingilishi, zaɓin da aka buɗe tun 1 ga Janairu 2012.