Hannun Buddha da ke taɓa ƙasa: tambayoyi da amsoshi

Duk wanda ya taɓa zuwa Bankok saro kaya, ko ya raka mara lafiya asibiti a Indiya, da wuya a ce bai yi kiciɓis da wannan siffa ba: mutum zaune a harɗe, idanunsa a lumshe, hannun hagu a kan cinya, na dama ya sauko ta kan gwiwa har yatsu na shafar ƙasa. Yawancinmu kallo ɗaya muke yi mata mu wuce. A wurin mabiya addinin Buddha kuwa, wannan hannu yana ɗauke da labarin rana mafi girma a tarihinsu. Ga bayanin kamar yadda masu abin suke kawo shi.

Mene ne sunan wannan alama, kuma yaya ake gane ta?

Da Sanskirit, tsohon harshen Indiya, ana ce mata bhumisparsha mudra. Bhumi ƙasa ke nan, sparsha taɓawa, mudra kuma alamar da ake yi da hannu. A Tailan da maƙwabtanta an fi kiran zaman gaba ɗaya da Maravijaya, wato cin galaba a kan Mara, mai ruɗin da ya yi ƙoƙarin kawar da Buddha daga hanyarsa. Tafin hannun dama yana kallon jikin mai zaman, yatsun na nuna ƙasa. Idan tafin ya juyo waje yana kallon mai kallo, to wata alama ce dabam, ta bayar da kyauta.

Wane labari ne ke bayanta?

Kimanin shekara 2,500 da suka wuce, Siddhartha Gautama, ɗan gidan sarautar Shakya da aka haifa a Lumbini cikin Nefal ta yau, ya bar gida yana ɗan shekara 29 don neman maganin wahalar da ke tattare da tsufa da ciwo da mutuwa. Ya yi shekara 6 yana bin malamai da azabtar da jikinsa da yunwa, har ya zama ƙashi da fata, bai samu abin da yake nema ba. Sai ya karɓi shinkafa da madara daga hannun wata mata mai suna Sujata, ya je gindin wata itaciya dangin cediya da durumi kusa da kogin Neranjara, ya shimfiɗa ciyawa, ya zauna, ya ƙudurta ba zai tashi ba sai ya gane gaskiyar al'amarin. Wurin shi ne Bodh Gaya a jihar Bihar ta Indiya. Yana da shekara 35 a lokacin.

A nan Mara ya zo masa a kan giwarsa Girimekhala, da runduna a bayansa. Ruwayar Nidanakatha, wadda aka rubuta da harshen Pali na tsoffin littattafan addinin Buddha, ta ce ya aiko da guguwa, da ruwan sama, da duwatsu, da makamai, da garwashi, da toka, da duhu, amma babu wanda ya motsa mai zaman. Abubuwan bautar da suka taru don yabonsa duk suka watse, suka bar shi shi kaɗai.

Da ƙarfi ya gaza, sai Mara ya koma shari'a, kuma a ganina nan ne labarin ya yi daɗi. Ya ce wa Siddhartha ya tashi, wurin zaman nan ba nasa ba ne, na Mara ne. Kowa ya san yadda rigimar gona take: wanda ya yi iƙirari, sai ya kawo shaidu. Mara ya nuna rundunarsa, suka ɗauka gaba ɗaya da kururuwa cewa su ne shaidunsa. Ya juyo ya tambayi Siddhartha wa zai shaide shi. Babu kowa a wurin. Sai ya zaro hannunsa na dama daga cikin mayafi, ya miƙa shi ƙasa, ya kira ta ta shaida kyautar da ya yi a rayuwarsa ta baya, lokacin da yake yarima Vessantara wanda ya ba da duk abin da ya mallaka. Ƙasa ta amsa da rugugi mai firgitarwa. Giwar ta durƙusa, rundunar ta tarwatse.

A lura da cewa a wannan ruwaya taɓa ƙasar ya faru ne kafin faɗuwar rana. Farkawar kanta sai da ya kwana a zaune, ta zo da asuba, kuma daga nan aka fara ce masa Buddha, wato wanda ya farka. Siffar da aka fi sassaƙawa ke nan tana nuna shi a bakin ƙofa, bai riga ya shiga ba.

Shin Mara shi ne Shaiɗan?

Akwai kama, domin dukansu aikinsu waswasi da ruɗi. Amma Mara ba ya cikin labarin Mahalicci da wanda ya bijire masa, tunda addinin Buddha bai ginu a kan imani da Mahalicci ba. Sunan ya fito daga tushen kalmar mutuwa. Wasu mabiya suna ɗaukarsa halitta ce ta gaske mai mulki a duniyar sha'awa, wasu kuma suna ganin sunan abin da ke cikin zuciyar mutum ne. Tsohon nassin Padhana Sutta ya ƙarfafa fahimta ta biyu, domin da ya lissafa rundunonin Mara, ga abin da ya ambata: sha'awa, ƙosawa, yunwa da ƙishirwa, kwaɗayi, kasala da gyangyaɗi, tsoro, shakka, munafunci da taurin kai, son riba da yabo, da ɗaukaka kai tare da rena wasu. 'Ya'yansa mata uku ma sunayensu Tanha da Arati da Raga, wato ƙishirwar so, da rashin gamsuwa, da sha'awa.

Me ya sa ƙasa ya kira, bai kira sama ko wani abin bauta ba?

Wannan ita ce tambayar da ta fi muhimmanci. A koyarwar Buddha, abin da ke kai mutum matsayi shi ne aikinsa, wanda suke kira karma. Siddhartha bai kafa hujja da gidan sarautar da ya fito ba, bai ce an zaɓe shi ba, bai kuma tsaya cacar baki ba. Ya nuna wurin da aka yi ayyukan. Kyauta da haƙuri da riƙon gaskiya, waɗanda mazhabar Theravada ke lissafawa cikin kamaloli 10, duk a bayan ƙasa aka aikata su, ita ce kuma ta ga abin da babu wanda ya gani.

Shaidun Mara masu baki ne, kuma yaransa ne, dole su faɗi abin da yake so. Ƙasa ba ta cin hanci, ba ta da ɓangare. Ruwayar Nidanakatha da kanta ta ce ƙasa ba ta da rai ko hankali, amma duk da haka aka gwammace shaidarta a kan ta dubban masu ihu. Musulmi mai karanta Suratul Zalzala ya san maganar ranar da ƙasa za ta ba da labarinta, don haka tunanin ƙasa a matsayin mai shaida ba baƙo ba ne a kunnensa, ko da yake aƙidun biyu sun yi hannun riga: can Allah ne ke ba ta umarni ta yi magana a ranar hisabi, nan kuwa babu mai hukunci a cikin labarin.

To, matar nan da ake zanawa tana matse gashinta fa?

Ita ce ƙasar da aka ba siffar mutum. A littafin Lalitavistara na Sanskirit ta ɓullo daga ƙarƙashi rabin jikinta a waje, ana kiranta Sthavara. A kudu maso gabashin Asiya labarin ya ƙara tsawo: mutanen Tailan suna ce mata Mae Thorani, na Bama (Myanmar ta yau) Wathondare, kuma sun ce ta matse doguwar sumarta, ruwa ya kwararo ya zama ambaliyar da ta share rundunar Mara. Wannan ƙari ba ya cikin tsoffin nassoshin Pali, amma yana da tushe a al'ada. Har gobe idan mutum ya yi sadaka a waɗannan ƙasashe, yakan tsiyaya ruwa a hankali daga ƙaramar buta yayin da sufayen addinin Buddha ke karatu, sannan ya juye shi a gindin itace. Ambaliyar ke nan tarin ruwan sadakokin da Siddhartha ya zuba, wanda ƙasa ta adana masa ɗigo-ɗigo. Hukumar ruwan sha ta birnin Bankok da jam'iyyar Democrat ta Tailan duka hotonta suka sa a tambarinsu.

A ina ake ganin fitattun siffofin?

Masu sassaƙa na farko, irin na Sanchi da Bharhut a Indiya, ba su nuna Buddha da siffar mutum ba. Gadon zama babu kowa a kai a gindin itaciya shi ne alamarsa. Sai wajen ƙarni na 1 bayan haihuwar Annabi Isa (AS) siffar mutum ta bayyana a Gandhara (yankin Pakistan da Afganistan na yau) da Mathura ta Indiya. Hannun taɓa ƙasa ya yi kaka-gida a zamanin daular Pala a gabashin Indiya, daga nan masu ziyara suka yaɗa shi zuwa Tibet da Bama da Tailan. Shi ne zaman mutum-mutumin da ke cikin wurin ibadar Mahabodhi a Bodh Gaya, wanda UNESCO ta sa cikin wuraren tarihi na duniya a 2002. Shi ne na kogon Seokguram a Koriya ta Kudu, aikin ƙarni na 8. A Borobudur ta Indonesiya, siffofi 92 da ke fuskantar gabas duk haka suke. A Wat Traimit na Bankok akwai na zinariya mai nauyin tan 5 da rabi, wanda ya daɗe lulluɓe da siminti irin na da, ba a san abin da ke ciki ba sai da ya faɗi a 1955 lokacin da ake ɗaga shi, murfin ya tsage.

Masu ibada na yau, me suke yi da wannan alama?

Da farko ya kamata a sani cewa ba a yin dogon zaman natsuwa da hannu a ƙasa. A cinya ake ɗora hannaye biyu. Alamar tunatarwa ce. Wanda ya zauna yana bin numfashinsa zai gamu da rundunar Mara ɗaya bayan ɗaya: gyangyaɗi, ciwon gwiwa, tsohon fushi, lissafin bashi. Malamansu suna cewa mafi wuyar sha'ani ita ce wadda ke zuwa bayan waɗannan duka, muryar da ke cewa kai wane ne da za ka zauna a nan, ka san halinka, tashi kawai. Ita ce tambayar Mara a sabuwar riga. Abin da ake koya wa ɗalibi shi ne kada ya biye mata da gardama. Ya lura da nauyin jikinsa a kan tabarma, idan ya so ya sauke yatsunsa ya taɓa daɓe, ya tuna wani alheri na gaske da ya taɓa yi, ya ci gaba da zamansa. Tuna kyautar da mutum ya yi da tuna kyawun halinsa suna cikin abubuwan da tsoffin nassoshi suka ba da umarnin a riƙa tunawa, kuma a labarai da dama, da zarar Mara ya fahimci an gane shi sai ya ɓace.

A mazhabar Vajrayana ta Tibet da Nefal, alamar ta Buddha Akshobhya ce, ma'anar sunansa wanda ba ya girgizuwa. Shuɗi ne launinsa, gabas ce nahiyarsa, kuma ana tunaninsa don mayar da fushi ya zama hankali mai kama da madubi, wanda ke nuna abu yadda yake ba tare da ya riƙe shi ba.

Sufin nan ɗan ƙasar Biyetnam, Thich Nhat Hanh, wanda ya kafa zauren Plum Village a Faransa a 1982 ya kuma rasu a 2022, ya faɗaɗa abin daga hannu zuwa jiki duka. A ibadar da ya kira taɓa ƙasa, mutum yakan kai goshi da hannaye da gwiwoyi ƙasa, ya tuna iyaye da kakanni da malamansa, har da waɗanda suka cuce shi, ya sauke mata fushi da girman kan da yake ɗauke da su. Hujjarsa tana cikin nasihar da aka ruwaito Buddha ya yi wa ɗansa Rahula, cewa ya mai da zuciyarsa kamar ƙasa, wadda ake zuba wa mai tsabta da mai ƙazanta, tofi da jini da bahaya, ba ta ƙyama kuma ba ta jin an wulaƙanta ta. Ɗalibin yakan daɗe a kwance har numfashi uku ko fiye, sai an buga ƙararrawa ya miƙe.