Charlie Chaplin ba ɗan barkwanci kawai ba ne

An daɗe ana ɗaukar Charlie Chaplin a matsayin Ba'amurke mai ban dariya wanda babu ruwansa da siyasa. Duk wanda ya san shi da sanda da ƙaramar hula da faɗuwa a titi, ba laifi idan ya zaci haka.

Amma a Landan aka haife shi a 1889, kuma bai taɓa karɓar takardar zama ɗan Amurka ba. A 1940 ya fitar da fim ɗinsa The Great Dictator, inda ya yi wa Hitler shaguɓe ƙiri-ƙiri, yana wasa da balan-balan mai siffar duniya har ta fashe masa a hannu. Lokacin Amurka ba ta ma shiga Yaƙin Duniya na Biyu ba, sai a Disambar 1941. A ganina wannan jarumta ce.

A 1952, yana cikin jirgin ruwa zuwa Ingila, aka soke izinin komawarsa Amurka, bayan an daɗe ana zarginsa da ra'ayin kwaminisanci. Ya koma Suwizalan da zama, a Ingila kuma ya shirya fim ɗin A King in New York a 1957, yana sukar farautar da aka yi wa waɗanda ake zargi da kwaminisanci a Amurka.

Tabbatarwa ba ta da wuya: ku duba shekarar da fim ya fito da ƙasar da aka yi shi, ku haɗa da abin da ke faruwa a lokacin. Don Allah ku tura wa masoya tsofaffin finafinai wannan bayani.