Waiwaye: Hukuncin kotu a hannu, aiki da albashi shiru

Duk wanda ke Kaduna a ƙarshen 2017 zai tuna dambarwar malaman firamare. Gwamnatin Malam Nasir El-Rufai ta yi musu jarrabawar 'yan aji huɗu, ta ce 21,780 sun faɗi, za su tafi. Ƙungiyar malamai ta NUT ta garzaya Kotun Ma'aikata ta Ƙasa reshen Kaduna, kuma a watan Disamba kotun ta ce a dakata da korar sai ta saurari ƙarar. Amma takardun sallama suka ci gaba da isa hannun malamai. NUT ta ce an yi fatali da umarnin kotu, ta shiga yajin aiki a Janairun 2018, bai yi mako biyu ba ta janye. Waɗanda aka kora, korarsu ta tabbata.

Wannan ciwo ya girmi El-Rufai da malamansa. Ita kanta kotun, dokar soja ce ta haife ta a 1976, ta kuma daɗe tana ɗingishi, don tsarin mulkin 1999 bai lissafa ta cikin manyan kotuna ba. Lauyoyi suka yi ta jayayya a kan hurumenta, har sai da gyaran tsarin mulki na uku, wanda aka sa wa hannu a 2011, ya ɗaga ta zuwa sahun Babbar Kotu. Sashe na 287 ya wajabta wa kowace hukuma da kowane mutum aiwatar da hukuncinta.

A takarda, hanyar hukunta mai raina kotu a shimfiɗe take. Lauya zai sa a kai masa fom na 48, gargaɗi ke nan. In ya yi kunnen ƙashi a bi shi da fom na 49, ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a tura shi gidan yari. To amma wa za a tura? Gwamna na sanye da rigar kariya ta sashe na 308. In kuma kuɗi ne kotu ta ce a biya, daɗaɗɗiyar dokar aiwatar da hukunci ta ce ba a taɓa kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati sai da yardar Antoni Janar, wato lauyan gwamnatin da ka kayar. Kura ce aka ba ajiyar nama.

Sai kuma ɗaukaka ƙara, mai cinye shekarun mutum. Malaman Jami'ar Ilorin 49 da aka kora a 2001, sai a 2009 Kotun Ƙoli ta ce a mayar da su. Wasu sun riga mu gidan gaskiya kafin nan.

Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne yadda wuƙar ke kaifi idan ta juyo kan ma'aikata. A watan Satumban 2022 Kotun Ma'aikata ta umarci ƙungiyar malaman jami'o'i ta ASUU ta koma aji. Da ƙungiyar ta nufi Kotun Ɗaukaka Ƙara, aka ce mata ta fara bin umarnin tukuna. Ran 14 ga Oktoba ta janye yajin wata takwas, ɗaliban ABU Zariya suka fara haɗa jaka.

Amma ga manya, wuƙar dakushewa take yi. A Nuwamban shekarar, Babbar Kotun Tarayya a Abuja ta yanke wa Sufeto Janar na 'yan sanda na lokacin, Usman Alƙali Baba, ɗaurin wata uku, saboda ƙin mayar da wani jami'i da aka yi wa ritayar dole tun 1992, wanda kuma ya ci shari'arsa a 2011. Sufeton bai kwana ko ɗaya a gidan yari ba. Kafin Disamba ta ƙare, kotun ta jingine hukuncin ɗaurin.