Mece ce "gotik" da ake ta faɗa a kan fim ɗin Frankenstein?

Tun da Netflix ta saki sabon fim ɗin Frankenstein a watan Nuwamban 2025, kalmar "gotik" ta cika bakin masu sharhin fina-finai. Da yawa sun ɗauka wani suna ne kawai na fim ɗin ban tsoro, alhali kalmar ta sha doguwar tafiya kafin ta iso nan.

Asalinta sunan wasu ƙabilu ne, Gotawa, waɗanda suka afka wa birnin Rum suka wawashe shi a shekarar 410. Bayan fiye da shekara dubu, masanan Italiya suka liƙa sunan ga manyan majami'un Turai masu dogayen hasumiyoyi da tagogi masu tsini, irin Notre-Dame ta Faris. Zagi ne, wai ginin marasa wayewa, ga shi Gotawan ko dutse ɗaya ba su aza ba. Daga gini ta tsallaka adabi a Ingila, inda Horace Walpole ya fitar da The Castle of Otranto a 1764, ya kira shi labarin gotik a bugu na biyu.

Labarin gotik ba ya rasa tsohon gida ko kango, da duhu, da maƙabarta. Amma abin da ke riƙe shi wani laifi ne da aka binne ya ƙi kwanciya, yana bin mai shi duk inda ya sa ƙafa.

Mary Shelley, marubuciya 'yar Ingila, tana da shekara 18 ta fara nata labarin, Frankenstein, wanda shi ne tushen fim ɗin, a 1816, a bakin tafkin Janeba a Switzerland. Aman wutar dutsen Tambora na Indunusiya ya dagula yanayin Turai, ruwa ya tsare ta da abokan zamanta a gida, mawaƙi Byron ya ce kowa ya rubuta labarin fatalwa. Littafin ya fito a 1818 ba sunanta a jiki. A nan a gyara wani kuskure: Frankenstein ba sunan halittar da ke cikin labarin ba ne, sunan ɗalibin da ya harhaɗa ta ne, Victor. Ita halittar ko suna ba a raɗa mata ba. Kusan shekara biyu yana wannan aiki, amma daren da idonta mai ruwan ɗorawa ya buɗe, sai ya arce daga ɗakin. Laifin ke nan.

Wurin da ya fi taɓa ni a littafin shi ne inda halittar ta ɓuya a wata 'yar rumfa jikin gidan wasu talakawa, tana leƙensu ta tsagar bango har ta koyi magana. Da dare ta yi musu itace ta ajiye a ƙofa. Ranar da ta yi ƙarfin hali ta gaida tsohon gidan, makaho, ya karɓe ta hannu biyu. Ɗansa na shigowa ya hau ta da sanda.

Fim ɗin 1931, wanda Boris Karloff ya fito a matsayin halittar, ya ƙwace mata harshe, ya bar ta dodo mai gurnani da ƙusoshi a wuya. Guillermo del Toro, ɗan Meziko, daraktan sabon fim ɗin, ya mayar mata da bakinta da tsohon makahon da ƙanƙarar arewacin duniya, kuma Jacob Elordi ya buga ta da tausayi ƙwarai. Sai dai del Toro ya mai da mahaifin Victor mugun uba, wanda a littafi mutumin kirki ne, ya wanke halittar daga yawancin jinin da ta zubar, sannan ya rufe da yafiya tsakaninta da Victor. Nan na rabu da shi. A wajen Shelley halittar ta shaƙe ƙaramin yaro, kuma duk da haka kana jin zafinta. Ta iske Victor ya riga ya cika a cikin jirgin ruwa, ta tsaya kan gawar tana neman gafarar da ba mai ba ta, sannan ta dira kan ƙanƙara, igiyar ruwa ta tafi da ita cikin duhu.